Maurice Leblanc, Wanda Ɓarawonsa Ya Fi Shi Suna

Waɗanda muka yi aji uku tare za su tuna ɗan littafin nan mai yagaggen bango da malaminmu na Faransanci yake karanta mana, wato labarin ɓarawo mai ado da fara'a, Arsène Lupin. Duk mun riƙe sunan ɓarawon, amma da za a tambaye mu wa ya rubuta, ina jin babu mai ɗaga hannu. Ni ma sai bayan na kama aikin gwamnati na bi diddigi.

An haifi Maurice Leblanc a birnin Rouen na arewacin Faransa a 1864, a gidan attajiri. Mahaifinsa ya so ya bi kasuwanci, shi kuwa burinsa ya zama marubuci irin Flaubert da Maupassant, waɗanda su ma 'yan yankin ne. Ya koma Paris yana aikin jarida yana rubuta littattafai masu nauyi. Masana suka yaba, amma ba su yi kasuwa ba.

A 1905, yana da shekara 40, wani mai ɗab'i, Pierre Lafitte, ya nemi gajeren labari don sabuwar mujallarsa, Je sais tout. Ya rubuta yadda aka kama Lupin bayan tafiyar jirgin ruwa zuwa Amurka. Masu karatu suka nemi ƙari, dole ya fito da shi daga kurkuku, kuma daga nan sama da shekara 30 bai rabu da shi ba. Har Sherlock Holmes ya taɓa jawowa cikin labarin. Da Conan Doyle ya ƙi yarda, sai ya juya haruffa ya koma Herlock Sholmès. Wannan wayon, ko Lupin ɗin sai haka.

Abin da ya taɓa zuciyata shi ne, aikin da ya ɗauka na wucin gadi shi ya ciyar da shi, ya kuma binne wanda ya fi so. Mu da muka shiga ofis da niyyar shekara biyu kawai mun san wannan.

Yaƙin duniya na biyu ya raba shi da gidansa na Étretat, ya rasu a Perpignan ran 6 ga Nuwamba, 1941. An mayar da gidan wurin tarihi a 1999, kuma Clos Lupin ake kiransa. Shirin da Netflix ta fitar a 2021 tare da Omar Sy, shi ma Lupin aka sa masa.