Jane Addams, Maƙwabciyar Talakawa

'Yan'uwana ɗalibai da malamaina, ina so in ba ku labarin wata Ba'amurkiya da ta daɗe da rasuwa, sunanta Jane Addams. Amma kafin in shiga labarin, bari in faɗi abin da ya haɗa ni da ita, ko da yake abin kunya ne a gare ni.

A zangon da ya wuce, sa'ad da aka rarraba mu makarantu don gwajin koyarwa, an ba ni aji huɗu a wata makaranta da ke unguwar baƙi. A cikin ajin akwai wani yaro da bai fi shekara goma ba, kullum da an shiga lissafi sai ya kifa kai bisa tebur ya yi ta barci. Na yi masa faɗa, bai bari ba. Na tsai da shi gaban allo, ya yi gyangyaɗi a tsaye. Ran nan na yi masa bulala huɗu, na kuma rubuta takarda da Turanci na ce ya kai wa ubansa. Kwana biyu, kwana uku, har mako, shiru. Sai na yanke a raina iyayen yaron nan ba su damu da karatunsa ba. Ana cikin haka na ci karo da littafin da matar nan ta rubuta a kan shekara ashirin na aikinta, wanda aka buga a 1910. Ban kai tsakiyarsa ba jikina ya yi sanyi.

An haifi Jane Addams ran 6 ga Satumba, 1860, a wani ƙaramin gari, Cedarville, cikin jihar Illinois ta Amurka. Ubanta mai arziki ne, yana da injin niƙa, ɗan majalisar jiha ne kuma. Tana da shekara biyu uwarta ta rasu. Tana ƙarama kuma cutar tibi ta kama mata ƙashin baya, har ya ɗan tanƙware, ta tashi tana jin kunyar jikinta. Ta gama makarantar 'yan mata ta Rockford a 1881, a cikin shekarar nan kuwa ubanta ya rasu. Ta tafi Filadelfiya koyon likitanci, ciwo ya sa ta bari. Daga nan ta yi shekaru ba ta san abin da za ta yi da ranta ba, ga kuɗi, ga ilmi, ba aiki.

A 1883 ta je yawon ganin ƙasashen Turai. Wata Asabar da dare aka kai ta unguwar talakawa a gabashin Landan, ta ga ana gwanjon ruɓaɓɓen ganye da 'ya'yan itace, mutane suna miƙa hannuwa suna rububin saye don su ci. Hannuwan nan ba su fita daga zuciyarta ba. Da ta koma Landan a 1888 ta ziyarci Gidan Toynbee, inda waɗansu samari masu ilmin jami'a suka tare cikin unguwar talakawa suna zaune tare da su. Nan ta ga hanyarta.

Ran 18 ga Satumba, 1889, ita da ƙawarta Ellen Gates Starr suka tare a wani tsohon gida a titin Halsted, cikin birnin Shikago. Wani attajiri, Charles Hull, shi ya gina shi a 1856, don haka aka riƙa ce da shi Gidan Hull. Unguwar cike take da baƙi waɗanda suka ƙetaro teku neman abinci: mutanen Italiya, da Jamus, da Ailan, da Yahudawan Rasha, daga baya kuma Girkawa. Da yawa ba su jin Turanci. Iyali guda sukan cunkushe cikin ɗaki ɗaya ko biyu, ga ƙazanta, ga aiki mai tsanani, lada kaɗan.

Da farko matan nan biyu sun zo ne da hotuna masu kyau da manyan littattafai, suna tsammani da su za su yi wa maƙwabta amfani. To, ba a daɗe ba maƙwabtan suka nuna musu abin da ya fi damunsu. Aka riƙa kiransu su wanke jariri sabon haihuwa, su yi jiyyar marar lafiya, su shirya gawa, su riƙe yara uwa ta tafi aiki. Ba su ce wannan ya fi ƙarfinsu ko ya yi musu ƙanƙanta ba. Kafin shekara biyu, mutum wajen 2,000 ke shiga gidan kowane mako.

Abin da ya fi kama ni a rayuwarta shi ne yadda take koyo daga yara. A Kirsimeti na farko sun raba wa yaran unguwa alewa, sai waɗansu 'yan mata ƙanana suka ƙi karɓa. Ni da ni ne, da na ce rashin kunya ce ko girman kai. Ita kuwa sai ta bincika. Ashe a kamfanin alewa suke aiki, sun yi mako shida suna shiga da ƙarfe 7 na safe ba su fita sai 9 na dare, ko ganin alewa ba su so. A cikin hunturun nan kuma inji guda a wata ma'aikata ya ji wa yara maza uku na ƙungiyar gidan rauni, don ba a sa masa kariya ba, ɗaya har ya mutu. Masu ma'aikatar ba su yi kome ba. Daga nan ta fara shiga gida gida tana duba aikin da yara ke yi, har ta ga yarinya 'yar shekara huɗu zaune a gaban uwarta tana tsince zare daga tufafin ɗinki, sa'a bayan sa'a. Wata abokiyar aikinta mai zafin nama, Florence Kelley, ta tattara shaida, suka matsa wa majalisa lamba. A 1893 jihar Illinois ta yi doka ta hana ɗaukar yaron da bai kai shekara 14 ba aiki a ma'aikata, aka kuma naɗa Kelley shugabar masu duba ma'aikatu.

Haka nan ta koya daga iyaye. Cikin yaran da suka fara sani akwai uku da suka nakasa sa'ad da uwayensu suke wurin aiki. Ɗaya ya faɗo daga taga a bene hawa na uku, ɗaya ya ƙone, na ukun kuwa bayansa ya tanƙware don an yi shekara uku ana ɗaure shi a ƙafar tebur yini guda, sai da rana wansa ya gudo daga aiki ya kwance shi su ci abinci. Wa zai ji wannan bai zagi uwar ba? Jane Addams ta duba ta ga uwar ba ta da inda za ta bar shi, in kuwa ta zauna gida ba abin da za su ci. Saboda haka suka buɗe wurin renon yara, uwa ta kawo ɗanta da safe ta ɗauka da yamma.

Kada ku yi tsammani ita ba ta taɓa kuskure ba. A hunturun 1893 aiki ya yi wuya a Shikago, mutane da yawa suka rasa abin yi. Aka buɗe wurin raba taimako a Gidan Hull, aka ba ta ƙa'idar da za ta bi, cewa mai ƙarfin aiki a tura shi aiki. Wani akawu da ta daɗe da saninsa ya zo neman taimako sau huɗu ko biyar. Ta gaya masa ana ɗaukar ma'aikata wajen haƙar wata babbar magudanar ruwa, ya kamata ya gwada can kafin ya sake roƙo. Ya ce shi a cikin ɗaki ya saba aiki, jikinsa ba zai jure sanyin waje ba. Ta tsaya a kan ƙa'ida. Mutumin ya tafi, ya yi haƙa kwana biyu, ciwon haƙarƙari ya kama shi, bayan mako guda ya mutu ya bar 'ya'ya biyu. Ba ta ɓoye wannan ba, da hannunta ta rubuta shi. Ba ta kuma yar da yaran nan ba, ko da yake duk ran da ta gan su sai zuciyarta ta sosu. Mutumin ya gaya mata gaskiyar halinsa, ta ji da kunne, amma ƙa'ida ta toshe mata zuciya. Da na zo wurin nan sai na rufe littafin, na tuna da bulalata huɗu.

Akwai wata damuwa kuma da ta lura da ita. Yaran baƙi suna zuwa makaranta su koyi Turanci, su dawo gida suna raina iyayensu don ba su iya ba. Wata rana ta ga wata tsohuwa 'yar Italiya zaune a bakin ƙofa tana kaɗi da mazari, irin na kakanninmu. Sai dabara ta zo mata. A 1900 ta buɗe wani ɗaki inda iyaye za su riƙa nuna sana'o'in ƙasashensu, kaɗi da saƙa da sauransu, jama'a na kallo. Akwai wata yarinya da takan bar uwarta a ƙofar gaba, ita ta zaga ta ƙofar gefe, don kada a gane 'yarta ce, saboda irin shigar uwar ta ƙauye. Da ta ji manyan baƙi suna yabon gwanintar uwar a kaɗi, sai ta fara tambayarta labarin garinsu, daga baya suka riƙa shiga ta ƙofa ɗaya. Mu da muka yi makaranta muka bar iyayenmu a gona, wannan labari ya shafe mu ƙwarai. Nawa ne cikinmu ba su taɓa jin nauyin a ga mahaifiyarsu ta zo kwaleji ba takalmi ba?

A 1913 kuma wata jita-jita ta bazu, wai an ɓoye wani jariri ɗan Shaiɗan a Gidan Hull, mai kofato da wutsiya, wanda ya fara zagi tun ranar haihuwarsa. Mako shida mutane suna ta tururuwa suna so su gani. Da farko abin ya ba ta haushi. Amma ta lura tsofaffin mata ne suka fi zuwa, sai ta ba su wurin zama ta saurare su. A yadda ake ba da labarin, kullum mugun bakin miji ne ke jawo haihuwar jaririn. Da ta bar su suka yi ta magana, sai suka shiga ba ta labarin kansu, dukan da suka sha a gidan miji, da 'ya'yan da suka binne, abubuwan da ba wanda ya taɓa tambayarsu. Da ta kore su da cewa camfi ne, da ba ta ji ko ɗaya ba.

Sauran ayyukanta suna da yawa, sai in taƙaita. A 1895 aka naɗa ta duba-gari mai lura da kwashe sharar unguwarsu, takan fito da ƙarfe 6 na safe ta bi kekunan shara. A 1899, da ƙoƙarin matan Gidan Hull irin su Julia Lathrop da waɗansu matan birnin, aka buɗe kotun yara ta farko a Amurka, don a daina kulle yaro tare da manyan ɓarayi. Tana cikin masu cewa kada talauci kaɗai ya raba ɗa da uwarsa, a 1911 kuwa jihar Illinois ta yi dokar ba iyaye matalauta kuɗi su riƙe 'ya'yansu a gida. Sa'ad da aka yi Yaƙin Duniya na Farko ta ƙi goyon bayan yaƙi, jaridu suka yi ta zaginta, waɗanda suke yabonta dā suka juya mata baya. Amma a 1931 aka ba ta kyautar Nobel ta zaman lafiya, ita ce Ba'amurkiya ta farko da ta samu. Ta rasu ran 21 ga Mayu, 1935, a Shikago, aka binne ta a garinsu. A 1963 an rushe yawancin gine-ginen don a gina jami'a, tsohon gidan kuwa an mai da shi gidan tarihi.

To, ni fa? Ran Asabar na ce wa yaron ya kai ni gidansu. Ya tsorata, yana tsammani ƙara zan kai. Muka tarar da mahaifiyarsa tana wanki. Na durƙusa na gaishe ta da Hausa, na kira ta Mama, ta shimfiɗa mini tabarma ta kawo ruwa. Ban tā da maganar makaranta ba sai da na tambayi lafiyar gida. Ashe uban ya yi wata biyar yana kwance, ƙafa ta hana shi fita. Yaron ne ke zuwa tashar mota da dare yana dako, abin da ya samo da shi ake cefanen gobe. Ta shiga ɗaki ta ɗauko takardata, a naɗe cikin tsumma mai tsabta. Ba mai karanta Turanci a gidan, ta kuwa ji kunyar kai wa maƙwabta, don tana tsoron ko korar ɗanta aka yi. Mako uku ke nan tana kwana da wannan tsoro, ni kuwa ina can ina cewa ba su damu ba.

Ban iya warkar da uban ba, ban kuma iya hana yaron dako ba. Abin da na iya kaɗan ne. Na roƙi gafararsa. Na gaya wa hedimasta, ya yarda a ɗaga musu kuɗin da ake binsu, wata malama kuma ta kai uban asibiti. Na riƙa maimaita wa yaron lissafi bayan an tashi, sa'ad da idonsa ya buɗe. Har na bar makarantar yakan yi barci wata rana, amma ban ƙara taɓa shi ba.

Ba da daɗewa ba za a ba kowannenmu aji nasa, yara arba'in ko fiye, kowane yaro da irin gidan da ya fito. In ɗaya ya ƙi abin da muka miƙa masa, ko ya yi barci, ko takardarmu ta tafi ba amsa, ina roƙonku mu tambaya tukuna, mu kuma taka mu je gidan kafin mu yanke hukunci. Allah ya ba mu kunnen ji da haƙurin saurare, amin.