Bakhita, Baiwar Da Ta Ƙi Komawa

An haifi Josephine Bakhita a Darfur, ƙasar Sudan, wajen shekara ta 1869. Tana 'yar ƙarama masu fataucin bayi suka sace ta. Don tsananin firgita har ta manta sunanta na yanka. Bakhita, wato mai sa'a, ɓarayin ne suka laƙaba mata.

A 1885 wani jami'in jakadancin Italiya, Callisto Legnani, ya tafi da ita ƙasarsu. Da isarsu ya ba da ita kyauta ga iyalin Michieli, sai ka ce akuya, ta zama mai renon 'yarsu. Da uwargidan ta tashi komawa da ita Sudan, Bakhita ta ƙeƙasa ƙasa, ta ƙi barin gidan sistocin Canossa a Venice. Magana ta kai kotu. Ran 29 ga Nuwamba 1889 aka yanke cewa dokar Italiya ba ta san bauta ba.

An yi mata baftisma a 1890, ta zama sista a 1896. Daga 1902 ta zauna a garin Schio, tana girki da tsaron ƙofa. Mutanen garin sun ƙaunace ta, amma da launin fatarta suke kiranta, Moretta, wato 'yar baƙa. Ta rasu a 1947, Paparoma John Paul na biyu ya ayyana ta waliyiya a 2000.