MARIGAYI MALAM AMINU KANO: MARUBUCIN WASAN KWAIKWAYO TUN KAFIN SIYASA

Daga Wakilin Arewa, Jalingo

Da wuya a sami ɗan Arewa mazaunin Ikko, ko Sabon Badun, ko Shagamu, ko Fatakwal, wanda bai san sunan Malam Aminu Kano ba. An san shi da siyasa, an san shi da tafsiri, an san shi da tsaya wa talaka. Amma akwai wani gefe na rayuwarsa wanda ba kowa ya sani ba, watau tun kafin ya hau mumbarin siyasa, da wasan kwaikwayo ya fara yaƙi da zalunci.

An haifi Malam Aminu ran 9 ga watan Agusta, 1920, a unguwar Sudawa cikin birnin Kano. Mahaifinsa, Malam Yusufu, malami ne daga zuriyar Fulanin Gyanawa, waɗanda aka sani da ilmin shari'a, ya kuma yi aikin mufti a kotun Alƙalin Kano. Sunan mahaifiyarsa Rakiya. A gida ya fara karatun Alƙur'ani, sa'an nan aka sa shi makarantar Shahuci, daga nan ya wuce Midil ta Kano. Cikin 1937 ya sami shiga babbar kwalejin Arewa, wadda aka kafa a Katsina, aka mayar da ita Kaduna cikin 1938. Ita ce Kwalejin Barewa ta Zariya a yanzu.

Wasan kwaikwayo kuwa ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Tun kaka da kakanni akwai wasan gauta, wanda matan fada kan kwaikwayi sarki da fadawansa. Akwai kalankuwa, wadda samari kan yi bayan kaka, su naɗa nasu sarki da alƙali. Akwai 'yan kama masu kwaikwayon malamai, ga kuma tashe, wanda yara ke yi cikin azumi tun daga Sakkwato har Jalingo. A irin waɗannan wasanni akan gaya wa babba gaskiya cikin raha, ya ji, ya yi dariya, ba ya cewa a kama kowa. Abin da Turawa suka zo da shi shi ne rubuta wasan a takarda, a raba wa 'yan wasa su haddace, su fito kan dandamali. Dokta R. M. East, shugaban ofishin talifi na Zariya, ya buga wasanni shida na Hausa cikin littafi guda don amfanin makarantu. Irinsu 'yan makarantar wancan zamani suka tashi suna gani.

A kwaleji ne Aminu ya gane cewa wannan abu makami ne. Tun yana ɗan makaranta, daga wajen 1938 zuwa 1941, ya rubuta gajerun wasanni kimanin ashirin. Ɗaya daga cikinsu shi ne Kai Wane Ne a Kasuwar Kano da Ba Za a Cuce Ka Ba, wanda ya nuna yadda miyagun 'yan kasuwa ke damfarar mutumin ƙauye in ya shigo birni da ɗan abin hannunsa. Duk wanda ya taɓa sauka a tashar mota a garin da bai sani ba, bai kuma iya harshensu ba, ba ya bukatar a fassara masa wannan wasa. Wani kuma shi ne Ƙarya Fure Take Ba Ta 'Ya'ya, wanda ya taɓo maganar haraji mai nauyi da ake ɗora wa talakawan karkara. Sauran wasannin sun yi ba'a ga al'adun da suka zama ƙaya, da kuma halin ma'aikatan En'e.

Don a gane ƙarfin halin yaron, sai a tuna yadda mulki yake a lokacin. Turawa ba su mulki talaka kai tsaye ba, ta hannun sarakuna suka bi. Razdan da Di'o suna sama, sarki da hakimai da dagatai da masu unguwa suna ƙasa, kotu da kurkuku da 'yan doka duk na En'e ne. Haraji da jangali ta wannan tsani suke hawa, in an sami mai son zuciya a tsakani kuwa, talaka ne ke biya sau biyu, ba shi da wurin kai ƙara. Ɗan makarantar da ya gama karatu ma, galibi En'e ce za ta ba shi aiki. Saboda haka wanda ya sa abokansa suka yi shigar hakimi da dagaci, jama'a na kallo suna dariya, da abincin bakinsa yake wasa.

Ba a ƙasar Hausa kaɗai aka yi haka ba. A shekarar da aka haifi Aminu, watau 1920, a birnin New York na Amurka aka fara nuna wasan The Emperor Jones na Eugene O'Neill. Labarin wani Baƙar fatar Amurka ne da ya tsere daga kurkuku, ya faɗa wani tsibiri, ya naɗa kansa sarki, ya tatse mutane da haraji, har suka yi masa bore ya gudu daji ya hallaka. Wani Baƙar fata, Charles Gilpin, shi ya fito a matsayin sarkin, abin da ba a saba gani ba a manyan gidajen wasa na Amurka a zamanin. O'Neill ya sami kyautar Nobel cikin 1936, wasanninsa kuma suna nan a buge. Na Aminu kuwa a makaranta aka yi su, ba su sami shiga maɗaba'a yadda ya kamata ba, shi ya sa sunayensu suka fi su kansu yaɗuwa.

Cikin 1942 ya sami takardar shaidar malanta, aka tura shi Midil ta Bauci. A can ya haɗu da Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda shi ma malami ne a makarantar, da kuma Malam Sa'adu Zungur, wanda ya zama babban amininsa. Bai bar wasan kwaikwayo ba, ya ci gaba da shirya wa almajiransa. Tare da su Malam Sa'adu suka shiga taron tattaunawa na Bauci, inda 'yan boko suka fara yi wa hukuma tambayoyin da ba a saba yi ba. Cikin 1946 ya sami tafiya Ingila karatun malanta a Jami'ar London. Bayan ya komo ya kafa ƙungiyar malaman makaranta ta Arewa cikin 1948, sa'an nan aka kai shi Maru ta lardin Sakkwato ya shugabanci makarantar horon malamai.

Ran 8 ga Agusta, 1950, aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, mai alamar tauraro, mai kirarin sawaba. Kafin shekarar ta ƙare Malam Aminu ya ajiye aikin gwamnati ya rungume ta, cikin 1953 kuma ya zama shugabanta. Abin da ya faɗa a dandamalin makaranta shi ya ɗauko ya kai dandamalin lacca: a rage wa talaka nauyi, a gyara kotunan alƙalai, a ba mata ilmi da 'yancin jefa ƙuri'a. Basirar ɗan wasa ba ta bar shi ba, gama da misali da karin magana da ba'a yake jawo hankalin jama'a. Amma wannan karon ba raha ba ce. 'Yan NEPU da yawa sun sha ɗauri da bulala, wasu sun yi ƙaura daga garuruwansu, har da waɗanda suka gangaro Kurmi suka zauna.

Ya ci zaɓen Majalisar Wakilai ta Tarayya cikin 1959, ya zauna a Ikko, ya faɗi a zaɓen 1964. A zamanin Janar Yakubu Gowon ya riƙe ma'aikatar sadarwa daga 1967 zuwa 1971, sa'an nan ta lafiya har 1974. Da aka ɗage takunkumin siyasa cikin 1978 ya kafa PRP mai alamar mabuɗi, ya tsaya takarar shugaban ƙasa cikin 1979. Bai ci ba, amma jam'iyyarsa ta kama jihohi biyu: Alhaji Abubakar Rimi a Kano, Alhaji Balarabe Musa a Kaduna. Gwamnonin nan biyu suka soke haraji da jangali a jihohinsu. Ke nan maganar da ɗan makaranta ya sa a wasa ta ɗauki shekara arba'in kafin ta zama doka. A wannan zaɓe na 1979 kuma matan Arewa suka jefa ƙuri'ar zaɓen shugaban ƙasa karo na farko.

Hanyar da ya share a rubutu ma ba ta toshe ba. Abubakar Tunau ya rubuta Wasan Marafa, Shu'aibu Maƙarfi ya fito da Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu, Mohammed Sada kuma ya rubuta Uwar Gulma. Dukansu gyaran halin jama'a suka sa gaba, daga nan abin ya bazu zuwa rediyo da talabijin.

Malam Aminu ya sake tsayawa takara a zaɓen 1983, har ya ɗauki mace, Uwargida Bola Ogunbo, ta zama mataimakiyarsa. Allah bai nufa ya ga zaɓen ba. Ya rasu a Kano ran 17 ga Afrilu, 1983, yana da shekara 62, aka binne shi a gidansa na Gwammaja. Bai bar dukiya ba. Gidan nan, wanda ake kira Mambayya, yana hannun Jami'ar Bayero, an mai da shi cibiyar nazarin dimokuraɗiyya. Filin jirgin saman Kano da asibitin koyarwa na birnin duk sunansa suke ɗauke da shi.

Saura aiki ga malaman jami'a da dangi da tsofaffin almajiransa: duk wata takarda da ta rage ta waɗannan wasanni a tattara ta, a buga, yaran Arewa na gida da na Kurmi su karanta, su kuma yi wasan a makarantunsu. Allah ya jiƙan Malam, ya gafarta masa, ya sa Aljanna ce makomarsa, amin.