Pim Fortuyn: Malamin Jami'ar Da Talabijin Ta Mayar Ɗan Siyasa A Holan

A daren 6 ga Maris 2002, bayan zaɓen ƙananan hukumomi a ƙasar Holan, shugabannin jam'iyyu suka zauna muhawara a talabijin. A cikinsu akwai wani baƙo a fagen, mai ƙwalƙwal ɗin kai da kwat mai tsada, wanda jam'iyyarsa ta lashe kujeru 17 cikin 45 a majalisar birnin Rotterdam. Yana ta raha da ba'a, shi kuwa Ad Melkert na jam'iyyar ma'aikata, wanda ake sa ran zai zama firaminista, ya murtuke fuska yana kau da kai. Daga wannan dare tauraruwar Melkert ta fara dusashewa.

Baƙon shi ne Pim Fortuyn, wanda aka haifa a 1948 a gidan mabiya ɗariƙar Katolika. Ya karanta ilimin zamantakewa a Amsterdam, ya koyar a Jami'ar Groningen yana mai bin aƙidar Markisanci, kafin ya juya mata baya. Ya zama farfesa a Jami'ar Erasmus ta Rotterdam, ya kuma riƙa rubuta sharhi a mujallar Elsevier. Amma a talabijin jama'a suka san shi. A ƙasar da aka saba ganin 'yan siyasa na tauna magana kafin su furta, shi bakinsa ba shi da linzami.

Ya soki dogon jira a asibitoci da lalacewar makarantu. Abin da ya fi tayar da ƙura, shi ne matsayinsa kan baƙin haure da Musulunci. Ya nemi a rufe ƙofa ga sababbin baƙi, ya kuma kwatanta addinin da al'adar ci-baya, kalaman da suka ƙona ran Musulmin ƙasar, akasari 'yan asalin Maroko da Turkiyya. Saboda irin waɗannan kalamai jam'iyyar Leefbaar Nederland ta tuɓe shi daga jagoranci a Fabrairu 2002, ya kafa tasa mai ɗauke da sunansa, LPF.

Ranar 6 ga Mayu, saura kwana 9 babban zaɓe, Volkert van der Graaf, mai fafutukar kare dabbobi da muhalli, ya harbe shi a harabar gidajen yaɗa labarai da ke Hilversum, jim kaɗan bayan wata hira da rediyo. Yana da shekara 54. Kotu ta ɗaure maharbin shekara 18.

LPF ta shiga zaɓe ba jagora, ta samu kujeru 26 cikin 150, ta shiga gwamnatin haɗin gwiwa ta Jan Peter Balkenende. Rikicin ministocinta ya rusa gwamnatin cikin wata 3. A 2003 kujerunta suka koma 8, a 2006 ba ta samu ko ɗaya ba.