Jacques Prévert (1900–1977): Marubucin Labarin Fim da Finafinan Zane

An haifi Jacques Prévert ranar 4 ga Fabrairu, 1900, a Neuilly-sur-Seine da ke gefen birnin Faris na ƙasar Faransa. Bai yi nisa a karatu ba, domin tun yana matashi ya bar makaranta ya kama ƙananan ayyuka, ciki har da aiki a kantin Le Bon Marché. A 1920 aka ɗauke shi aikin soja, inda ya haɗu da mai zane Yves Tanguy, daga baya kuma ya haɗu da Marcel Duhamel a Istanbul. Gidan da su ukun suka zauna a unguwar Montparnasse ya zama majalisar 'yan mazhabar suriyalizim, waɗanda suka fifita mafarki a kan tsararren tunani a adabi da zane. A 1930 ya raba gari da jagoran mazhabar, André Breton.

Tsakanin 1932 da 1936 ya rubuta wa ƙungiyar Groupe Octobre wasannin kwaikwayo, waɗanda ake nunawa a gaban ma'aikata da masu yajin aiki. A nan ya goge wajen sanya wa talaka magana a baki da irin harshen da yake amfani da shi a titi. Da wannan salo ya shiga harkar fim, ya rubuta L'affaire est dans le sac (1932) wanda ƙanensa Pierre ya ba da umarni, sannan Le Crime de Monsieur Lange (1936) tare da Jean Renoir.

Sunansa ya fi fitowa a aikinsa da darakta Marcel Carné. A Le Quai des brumes (1938) da Le Jour se lève (1939) an nuna talakawan da ƙaddara ta rutsa da su, cikin zantuka masu sauƙi amma masu ɗanɗanon waƙa. An gina na biyun a kan salon waiwaye: wani ma'aikaci da ya yi kisa ya kulle kansa a ɗaki yana tuna abin da ya kai shi ga haka. Lokacin da Jamus ta mamaye Faransa, suka shirya Les Enfants du paradis, wanda ya fito a 1945 kuma ya haura awa uku. Mai tsara dandali Alexandre Trauner da mai kiɗa Joseph Kosma Yahudawa ne, don haka a ɓoye suka yi aikin. Labarin fim ɗin ya shiga takarar lambar Oscar. A 1946 kuma littafin waƙoƙinsa, Paroles, ya fito ya samu karɓuwa mai yawa.

A fagen finafinan zane, abokin aikinsa shi ne Paul Grimault. Sun fara da Le Petit Soldat (1947), sannan suka kama La Bergère et le Ramoneur, dukkansu daga tatsuniyoyin Hans Christian Andersen. Prévert ya mayar da tatsuniya ta biyu labarin wani azzalumin sarki mai son auren wata makiyayiya, alhali ita mai share bututun hayaƙi take so, wani tsuntsu mai baki kuma yana taimakonsu. Ƙarƙashin fadar akwai garin talakawa da ba sa ganin rana. Da kuɗin aikin suka yi yawa, furodusa André Sarrut ya karɓe fim ɗin ya fitar da shi a 1953 ba da yardarsu ba, su biyun kuma suka nesanta kansu da shi.

Wannan rikici ya fito da raunin matsayin marubucin fim, wanda yake da labari amma hukunci yana hannun mai jari. Sai a 1967 Grimault ya dawo da haƙƙin fim ɗin hannunsa, suka koma kan labarin. Prévert ya ci gaba da gyaransa ko da ciwon dajin huhu ya kama shi, har ya rasu ranar 11 ga Afrilu, 1977, a ƙauyen Omonville-la-Petite. Fim ɗin ya ci lambar Louis-Delluc ta 1979, ya fito a 1980 da sabon suna, Le Roi et l'Oiseau, aka kuma sadaukar da shi gare shi. Hayao Miyazaki da Isao Takahata na Japan sun bayyana irin tasirin da wannan labari ya yi a kan aikinsu. Shekaru sama da talatin aka ɗauka kafin labarin ya fito yadda marubucinsa ya nufa, shi kuwa bai gan shi a allo ba.