Katalin Karády: Jarumar Da Ta Fanshi Yara Da Gwala-gwalanta

Yau ƙasar Hangari muka nufa, za mu kawo muku tarihin wata jaruma da ta yi tashe a zamanin fim ɗin baƙi da fari.

An haifi Katalin Karády ranar 8 ga Disamba 1910 a birnin Budapest. Asalin sunanta Katalin Kanczler, babanta mai ɗinkin takalma ne, gida ne na rufin asiri kawai. Wani ɗan jarida, Zoltán Egyed, shi ya fara hango baiwarta, shi ya raɗa mata sunan Karády.

Fim ɗinta na farko, Halálos tavasz, ya fito a 1939, ita da jarumi Pál Jávor. Daga shi fa sai tauraruwarta ta haska. Rawar mace mai rikita maza ake yawan ba ta, ga murya mai kauri, in ta rera waƙa sai ka ji tsigar jikinka ta tashi. 'Yan matan Budapest har gyaran gashinta da shigarta suke kwaikwayo. Cikin shekara biyar ta yi fim wajen 20.

Ana cikin haka sojojin Jamus suka mamaye Hangari a watan Maris 1944. A Afrilu 'yan sandan ciki na Nazi suka kama ta, wai tana yi wa abokan gaba leƙen asiri. Wata uku tana tsare, ta sha duka da azaba, aka kuma wawushe gidanta.

Wani zai ce tunda ta tsira ai sai ta kama kanta. Ina! A hunturun wannan shekarar 'yan bindigar da ke goyon bayan Nazi suna jera Yahudawa a bakin kogin Danube suna harbewa. Katalin ta kwashe zinare da sauran gwala-gwalanta ta miƙa musu, ta karɓo yara wajen 20, ta ɓoye su tana ciyar da su har yaƙi ya lafa.

Sakayyar da ta samu? Da 'yan kwaminisanci suka hau mulki sai aka hana nuna finafinanta. A 1951 ta bar ƙasar, ta zauna a Burazil, daga baya ta koma New York a Amurka ta buɗe shagon huluna. Ba ta sake fim ba, ba ta sake taka ƙasarta ba. Ta rasu a watan Fabrairu 1990, gawarta ce aka mayar Budapest aka binne.

A 2004 cibiyar Yad Vashem ta sa sunanta cikin waɗanda suka ceci Yahudawa, shekara 14 bayan rasuwarta.

Wallahi ni a wajena wannan ya fi duk wani kambun fim. Ku fa, in ku ne, za ku iya ba da abin da kuka tara saboda 'ya'yan da ba naku ba? Ku ajiye mana ra'ayinku a ƙasa.