Sarauniya Mangu ta Lugu: yadda littafi da silima suka raya sunanta

A ƙasar Arewa, cikin jihar Doso, akwai wani gari da ake kira Lugu, mazaunin Azna tun kaka da kakanni. Sarautar garin a hannun mace take, ita ce kuma mai kula da al'adun gargajiya. Kowace ta hau ana kiranta Sarauniya, amma wadda sunanta ya fi yin nisa ita ce Mangu, domin a zamaninta Nasara suka shigo.

A shekara ta 1899 rundunar Faransa ta tsallako kogin Kwara ta nufi tafkin Cadi, ƙarƙashin kaftin Vule da kaftin Shanwan. Duk inda suka bi sai ƙone garuruwa da kisan talakawa. Sarakuna da yawa suka miƙa wuya, ita ko Sarauniya ta ƙi. Ran 16 ga watan Afirilu aka gwabza a Lugu, maharba da baka da kibiya, sojoji da bindigogi. Da wuta ta yi yawa, Sarauniya ta janye da jama'arta cikin kurmi. Aka ƙone garin, amma ba a kama ta ba. Bayan wata uku, a watan Yuli, Vule ya sa aka harbe kanar Kulob da gwamnatin Faransa ta aiko ya tsai da shi. Kwanaki kaɗan bayan haka sojojinsu suka kashe Vule da Shanwan a wajen Maijirgi, ƙasar Tasawa. Mutanen Lugu suka koma suka tada garinsu, sarautar kuma ta ɗore.

Shekaru da yawa labarin bai wuce bakin tsofaffi da ƴan layuka cikin takardun Nasara ba. A 1980 marubuci Abdullahi Mamani ya fitar da littafi mai sunanta cikin Faransanci. Ƙagaggen labari ne da aka gina bisa tarihi, don haka mai karatu ya bambanta abin da ya faru da abin da alƙalami ya ƙara. A 1986 Med Hondo, ɗan Muritaniya, ya mai da littafin silima a Burkina Faso, ya kuma ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1987. Daga nan duniya ta san Lugu.

Jama'a masu karatu, a nan akwai darasi. Ƙasar nan tana da waɗansu gwanayen, su ne ƴan kokowa. Tun 1975 aka fara gasar Takobi a Tawa, inda Kantu na Maradi ya zama sarki na farko, filin kokowar Doso kuwa sunan Salma Ɗan Rani ya ɗauka. Makaɗa sun riƙe kirarinsu, amma makaɗi mutum ne, yana mutuwa. Wanda ya iya rubutu ya zauna da tsofaffin garinsu tun suna da rai, ya rubuta abin da suka gani.